Ƙarshen Tatsuniyar Farar Mujiya

Iglulik, watan Maris

Zuwa ga Yayana Qamaniq,

Gaisuwa mai yawa tare da fatan kana lafiya, kai da Siku da yara. Yaya Ottawa? Yaya gwiwar nan taka? Mu nan lafiya lau, Baba ma da sauƙi, sai dai idon ya ƙara rauni.

Yaya, ina cikin damuwa. Littafin yaran nan da nake yi wa zane ya tsaya cak. Ka tuna tatsuniyar da marigayiya Inna take mana tana ɗinkin takalman fata, ta marainiyar da guguwar ƙanƙara ta ɓatar, farar mujiya ta ɗauke ta ta raine ta? Na zana komai har inda yarinyar ta hango fitilun garinsu, gashin tsuntsu ya riga ya tsiro mata a hannu. Daga nan ban san komai ba. Ka san dalili. Da Inna ta ji motsin Baba a bakin ƙofa sai ta yi shiru, don tun da ya fara karanta Littafi Mai Tsarki a coci ya hana irin waɗannan labarai a gidansa.

Na zaga wajen tsofaffi, kowa ya ce ba tatsuniyar gidansu ba ce. Masu buga littafin sun ce in ƙirƙiro ƙarshen da kaina. Na gwada, na yaga. Ji nake kamar ina yi wa Inna ƙarya. Idan kai ka tuna wani abu, ko kaɗan ne, don Allah rubuto mini. Baba bai san ina aikin nan ba, ƙarƙashin gado nake ɓoye zanen.

Ka gaida mutanen gidan. Ga daskararren kifi nan tafe hannun Uyarak, ɗan garinmu da zai zo wajenku.

Ƙanwarka,
Arnaujaq

Iglulik, watan Afrilu

Yaya Qamaniq,

Ina gaishe ka da iyali, da fatan kifin ya iso lafiya. Na ga wasiƙarka. Kar ka damu da rashin tunawar, zauna ka ji abin da ya faru.

Ranar Talata na baza zanen a teburin cin abinci, ina zaton Baba ya tafi shan shayi gidan abokinsa. Sai ga shi ya dawo neman safar hannu. Kafin in kwashe ya riga ya gani. Ya ɗauki takarda ɗaya ya kai ta dab da hancinsa, ya daɗe yana dubawa. Can ya ce, "Wannan mujiya ce ko kaza? Wa ya ce miki haka idonta yake?"

Na ce, "Baba, ka yi haƙuri, yanzu zan kwashe."

Ya ce, "Ina sauran?"

Na ce babu, Inna ba ta taɓa kai mu ƙarshe ba. Sai ya ja kujera ya zauna, bai ko cire rigar sanyi ba. Ya ce ai a bakinsa Inna ta ji ta suna amarci, shi kuma daga kakarsa.

Ga yadda ta ƙare. Yarinyar ta shiga gari, ta buɗe baki za ta yi gaisuwa sai kukan mujiya ya fito. Kowa ya gudu, karnuka suka yi ta haushi. Tsohuwa ɗaya ce ta tsaya, kakarta. Ta zaunar da ita a cinya tana kiran sunanta, duk kira ɗaya gashi ɗaya ya faɗi, har hannun ya koma na mutum.

Da ya kai nan sai ya koma kan labarin kansa. Ya ce ran da jirgi ya dawo da shi daga makarantar kwana ta Turawa da aka kai shi yana yaro, ya riga ya manta harshenmu, kakarsa tana masa magana yana kallonta kamar baƙuwa. A ranar ta ba shi wannan tatsuniyar, amma sai bayan shekara ya gane abin da ta ce. Yaya, ka taɓa jin ya ambaci makarantar nan? Ni ban taɓa ba.

Ya ce in zana tsohuwar da zanen haɓa irin na kakarsa. Na miƙa masa fensir, ya ce ba ya gani. Sai ya kama fuskata ya ja layukan da yatsa, daga leɓe zuwa ƙasan haɓa, a hankali. Na kasa riƙe hawaye, ya ce in bari kar in jiƙa masa mujiya.

Jiya na kammala zanen ƙarshe. Ya ce in gaya maka akwai wasu tatsuniyoyin, ka kawo yaran kafin ƙanƙara ta narke. Ya ce kuma ka yi sauri, shi ba yaro ba ne.

A gaida Siku da yara da kyau.

Ƙanwarka mai kewarka,
Arnaujaq