Na Ɓoye wa Hajiya Faifan Ƙanena

Anti Haulatu, don Allah ki taimake ni, abin nan ya tsaya min a rai kuma ba wanda zan iya faɗa wa a nan.

Ni injiniya ne a Doha, ina zaune a Al Wakrah. Wanda ya gan ni yanzu da gemu da tumbi ba zai yarda na taɓa kaɗa ganga ba. Amma a 2010, muna samari a Jos, ni da ƙanena Uwais da abokanmu biyu mun kafa ƙungiyar kiɗan hebi metal, irin mai ƙarar jita da ihun nan da ke sa manya toshe kunne. Tsatsa muka sa mata suna, Uwais ne mawaƙi. Faifai ɗaya tak muka fitar, ɗan ƙarami, waƙa huɗu, minti goma sha bakwai, a garejin wani mai walda muka ɗauka. Kwafi hamsin muka buga, 'yan unguwa na cewa aljanu ne suka shafe mu. Ba batsa a ciki, kan rikicin garinmu ne da abokan da muka binne. Daga nan kowa ya kama gabansa.

Bara bayan Babbar Sallah ciwon ƙoda ya yi ajalin Uwais. Kafin in samu jirgi an kai shi makwancinsa. A zaman makoki wata mata ta ce wa mahaifiyarmu duk sanda aka kunna waƙar mamaci, zunubin na binsa har kabari. Hajiya ta bi gida-gida ta karɓo faifan nan ta ƙona a tsakar gida, ta sa aka goge komai na wayarsa. Sai ta kira ni ta tambaya ko ina da shi. Na ce babu. Ta ce ta yarda, tunda ban taɓa yi mata ƙarya ba.

Anti, yana cikin motata. Kullum a hanyar aiki sai na kunna. Kafin waƙa ta uku akwai inda Uwais ya yi tari, ya ce min in rage sauri ba biyo mu ake ba, ya kwashe da dariya. Mun manta ba mu yanke wurin ba. A iya sanina, nan kaɗai muryarsa ta rage. Ya bar yarinya, Nasiratu, ko yaye ta ba a yi ba ya rasu. Da me za ta san muryar ubanta? Amma da na kashe faifan sai tsoro ya kama ni, ko ni ne nake ƙara masa nauyi. Wani lokaci haushin matar can nake ji, wani lokaci haushin kaina. Wata mai zuwa zan je gida hutu, ban san da wane ido zan kalli Hajiya ba. In fasa shi ne, ko in ci gaba da ɓoyewa?

Tsohon Makaɗi, Al Wakrah

Amsa

Ɗan'uwa, Allah ya jiƙan Uwais, ya ba ku haƙuri.

Ni ba malama ba ce, kuma matar can ma ba a ce malama ba ce. Maganar abin da ke bin mamaci, ka kai wa malamin da ka yarda da iliminsa nan Doha, ka faɗa masa abin da waƙoƙin suka ƙunsa dalla-dalla. Kada ka ɗauki hukunci daga hirar zaman makoki, kada kuma ka yanke wa kanka wanda ya yi maka daɗi. Kafin nan ka cire faifan daga mota. Abin da kake ji kana tsoro ba zai sanyaya maka zuciya ba.

Kada ka ga laifin Hajiya. Uwa ce da ta rasa ɗa, ta nemi abin da za ta iya yi masa, wannan ta samu. Kai ma kana da uzuri, ba kiɗan kake riƙo ba, ƙanenka kake riƙo. Sai dai ƙaryar taka ce, ba ta Uwais ba, kuma ita ta fi cin ka.

Ka sa a ciro maka wurin tarin nan da dariyar, ka adana wa Nasiratu. Magana ce tsakanin wa da ƙane, ba waƙa ba. In ka je gida, ka zauna gaban Hajiya ku biyu kawai, ka faɗi gaskiya, ka nemi gafara, ka gaya mata abin da malam ya ce da abin da ka ciro. Ka roƙe ta ta bar maka faifan a ajiye. In ta amince, to. In ta ce a fasa, ka fasa, zai yi zafi amma kwanciyar hankalinta ta fi minti goma sha bakwai.

Sannan ka roƙi a raka ka kabarinsa. Ba ka samu sallarsa ba, ba ka zuba masa ƙasa ba, shi ya sa har yau ba ka sallame shi ba. Ka tsaya a kansa ka yi masa addu'a, in hawaye sun zo ka bar su.

Allah ya kai ka gida lafiya, ya raya Nasiratu, ya sanyaya zuciyar Hajiya da taka.

Anti Haulatu