Ɗan Barewar da Sugni Ta Tsinta

Zuwa ga ƙanena Gordhan,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, Ubangiji ya tsare ka daga ƙurar masaƙar birnin Surat da abincin saye. Mu nan kowa lafiya. Inna na fama da gwiwarta, amma bakinta garas yake. Gero ya yi kyau, dillalan kasuwar Nagaur kuwa suna nan yadda ka bar su, suna kuka da ido ɗaya suna duba sikeli da ɗayan.

Maganar matarka Sugni ce ta sa na ɗauki alƙalami. Tun da muka binne jaririnku ka koma bakin aiki, ba ta ƙara dariya ba. Wata safiya ta je yankan ciyawa, sai ta tarar da ɗan barewa kwance lamo a gindin kurmi, shi kaɗai. Ta naɗo shi a mayafi, ta ba shi nono kamar yadda matanmu suka saba yi wa marayan daji. Unguwa ta cika gidan. Tsofaffi suka ce wannan ita ce 'yar al'ummarmu ta Bishnoi ta gaskiya, matata Jhamku har da hawaye. Ni ma na yaba, don a ranar aka ga Sugni ta cinye gurasa biyu.

Sai dai ka san halina. Wanda ya tsufa a kasuwa, in ya ga kaya mai kyau a yashe, tambayarsa ta farko ina mai shi. Ɗan nan cikinsa cike yake, jikinsa tsaf kamar an lashe shi. Na ce wa Inna maraya ba ya wannan ƙyalli, barewa kan kwantar da ɗanta ta tafi kiwo ta dawo. Inna ta ce in rufe mata baki, ni da ko tausayi sai na ɗora shi a sikeli. Kafin mu gama musu, uwar ta fara zagayen bayan gari tana kira. Ta matso har kusa da juji, inda barewa mai hankali ba ta zuwa, karnuka suka same ta a can. Mun kore su, amma ba ta tashi ba. Muka haƙa mata rami muka rufe ta yadda ake yi.

Mun so mu ɓoye wa Sugni, amma bakin rijiya ba ya riƙe magana. Ka san bisa al'adarmu ba ta buɗe fuska a gabana, don haka ta bakin Jhamku na ji abin da ta ce: "Ni da na san zafin hannu wofi, ni na jefa wata a ciki." Ta daina cin abinci, amma ba ta daina shayar da shi ba.

Yanzu ga inda aka tsaya. Akwai wata barewa mai tsagaggen kunne da ke kiwo gefen gonar Kawu Jetharam da ɗanta. Sugni da kanta ta fara kai shi can kowace safiya, ta goge shi da ciyawa da ƙasa don warin mutum ya fita, ta ajiye, ta koma nesa ta tsugunna. Da farko barewar tunkuɗe shi take yi. Shekaranjiya ta tsaya ya sha. Jiya ya bi su har bayan tudu, bai dawo ba sai da rana ta take. Inna ta ce mata ta bar shi a gida mana, tunda ya saba. Sugni ta ce a'a, ba nata ba ne.

Gordhan, ni ba malami ba ne, amma na san lokacin da ciniki ya kusa faɗawa. Nan ba da daɗewa ba za ta kai shi ta dawo ita kaɗai, kuma ita ta zaɓi hakan da idonta a buɗe. Jhamku za ta riƙe ta, Inna ma haka, amma ba su ne suka rasa ɗan tare da ita ba. Kada ka aiko da zane ko awarwaro. Ka faɗa wa maigidanka duk ƙaryar da ta fi saurin ba ka hutu, zunubin a kaina. Ina so ranar da za ta juyo daga gonar, ta tarar da kai tsaye a bakin hanya.

Inna na sa maka albarka. Jhamku da yara na gaishe ka. Ka gaida Kawu Sukhram da iyalinsa, ka ce ya rage taba.

Ni ne yayanka,
Pemaram