Yarinya Ta Biyu a Waƙar Ratmini

Zuwa ga jikata Luh Ratmini,

Gaisuwa mai yawa daga ƙauyenmu Tihingan, da fatan birnin Bandung bai ramar da ke ba. Ki yi haƙuri da rubutuna, sai da na yi furfura na shiga ajin yamma.

Waƙarki ta iso. Babanki ya kunna mini a waya, na sa ya yi ta maimaitawa har shinkafata ta huce. Na kira maƙeran layinmu, na ce su ajiye guduma su ji jikata. Kiɗan ba kai ba gindi, ga ɗigar ruwa, ga kamar ana jan kujera, amma ya ratsa ni.

Sai dai wace ce yarinya ta biyu? Ke kina rera za ki dawo ki yi rawa a bikin haikali, ɗakin ibadarmu, ita tana ƙasa-ƙasa tana gunaguni wai ƙauye ya shaƙe ta. Babanki ya ɗaure fuska ya fita. Ba ta da kunya, amma ta iya waƙa. Ki zo da ita in yanka muku agwagwa.

Kakanki,
Nyoman Rinda

Kaka,

Na gaishe ka da girmamawa. Babu wata yarinya, ni ce duka biyun, kuma babu wadda ta yi ƙarya. Baba ya kira, ya ce muddin muryar nan ta fita duniya kada in zo bikin. Zan goge ta kafin faifan ya fito.

Jikarka,
Ratmini

Ja'ira,

Ina gaisuwa. Ashe marar kunyar tawa ce! Na yi dariya har da tari.

A maƙera kika girma. Kin san biyu-biyu muke ƙera kayan kiɗan tagulla, kuma da gangan muke barin sautin ɗaya ya ɗan saɓa wa na ɗan'uwansa. In an buga su tare sai amon ya riƙa kaɗawa kamar igiyar ruwa. Ranar da aka daidaita su, kiɗa ya mutu.

Na tuna wa babanki. Ya ce waccan tagulla ce, ke kuwa 'yarsa ce. Bai sauko ba. Amma jiya na ji shi a bayan rumbu yana sauraro, bai tsallake ta biyun ba.

Kada ki goge.

Kakanki mai alfahari da ke

Kaka,

Gaisuwa. Faifan ya fito, ban goge ba. Muna tafe bikin, mu biyu. Ɗaya za ta yi rawa, ɗayar ban san me za ta yi ba. A kama agwagwar.

Ratmini