Harafin Ƙarshen Sunan Raja

Abeshe, 4 ga Safar

Zuwa ga Yaya Ustaz Dahab, a Umdurman.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da girmamawa, ina fatan kana lafiya, kai da Batul da yara. Mu nan alhamdu lillahi. Iya Makka, mahaifiyarku, tana gaishe ka, ta ce in gaya maka ƙafarta ta warke. Ba ta warke ba, da bango take tafiya.

Yaya, ka yi haƙuri da rubutuna, ka san karatuna bai yi nisa ba, kuma da abin bai ishe ni ba da ban dame ka ba. Wata uku ke nan tun da ƙaninka ya ɗauki lodin ƙaro ya nufi wajenku. Mota ta dawo, shi bai dawo ba. Khamis abokin tuƙinsa ne ya kawo ta, ya ce wai ƙaninka ya samu aikin jigila zuwa Bur Sudan, zai daɗe. Yana faɗa yana kallon takalminsa. Sai ya zaro 'yar takarda daga aljihu, gumi duk ya jiƙa ta, ya ce saƙo ne a kan cikin nan nawa: abin da aka haifa, namiji ko mace, ga sunansa. Kalma ɗaya tak da rubutun Larabci, Raja.

To wannan kalma ita ta hana gidanmu sakat. Harafin ƙarshenta ɗan mitsitsi ne, kamar kan ƙugiya. Faki Jibrin, malamin masallacinmu, ya duba ya ce hamza ce, suna ne, ma'anarsa sa rai.

Iya ta ce, "Sa rai da me? Ɗana ba ya magana a dunƙule. Ain ce, gumin Khamis ne ya cinye mata wutsiya. Raja'a, ya dawo! Cewa yake kafin suna yana gida."

Faki ya ce, "Hajja, ga alif nan tsaye a gabanta. Raja'a, ya dawo, ba ta da alif."

Ta ce, "Ɗan nawa da ka kasa koya wa karatu? Ai inda ya ga dama yake kafa alif, kamar turken akuya."

Faki ya shanye shayinsa ya kama gabansa. Arafa maƙwabciyarmu kuma ta leƙo ta katanga, ba wanda ya tambaye ta, ta ce duk mun ɓace hanya, a bakinmu na Abeshe raja ai jira ne, cewa yake in jira shi.

Kai ne malamin nahawu, Yaya. Wanne ne? Kuma ƙanin naka, ka gan shi da idonka? Ka san ciki biyu na yi ɓari, wannan ne ya kai wata bakwai, ina jin tsoro. Iya kuwa duk Juma'a sai ta sa an yi mini lalle da turaren tsuguno, wai kada ƙaninka ya faɗo ya same ni kamar buhun gawayi.

Allah ya ƙara girma.
Matar ƙaninka, Rauda.

Umdurman, 22 ga Safar

Zuwa ga ƙanwata Rauda, Allah ya kiyaye ta.

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Wasiƙarki ta iso, na gode. Ki sumbaci hannun Iya a madadina, ki hana ta tsayuwa a ƙofa.

Game da sunan, Faki Jibrin ne ya yi daidai. Raja da hamza take ƙarewa. Tushenta haruffa uku ne, ra da jim da wawu, ma'anarta kuwa sa rai ga alherin da bai iso ba tukuna. Malamai kan haɗa ta da tsoro, su ce a tsakanin biyun nan mumini yake tafiya. Tsohon suna ne a wajen Larabawa. A zamanin farko maza aka fi sani da shi, yanzu a Masar da nan Sudan mata sun fi ɗauka, amma bai zama na kowa shi kaɗai ba, domin babu alamar mace a jikinsa, babu ta namiji. Haka Ihsan yake, haka Safa. Larabawan dā har gefen rijiya suna kira da kalma mai irin wannan tushe.

Arafa ma ba ta yi nisa da gaskiya ba. Jiran da muke cewa raja daga nan ya fito, tun da mai sa rai shi ke jira.

Iya kuwa kada a yi mata dariya. Waɗanda suka tsara rubutu kan ain suka yanke suka yi hamza da shi, shi ya sa suka yi kama. Ga shi mu mutanen Wadai, ƙasarmu ta Abeshe, ba ma furta ain daga maƙogwaro, haɗiye ta muke yi, sai sa rai da jira da dawowa su fito daga bakinmu iri ɗaya. Ni kaina shekara biyu ɗalibai suna kwaikwayona a bayan aji kafin harshena ya miƙe. Mijinki Bishara kuwa, tun muna yara na yi dukan, na yi rarrashin, bai taɓa rarrabe su ba.

Kin tambaya ko na gan shi. Na gan shi, a gidana ya sauka. Zancenki da na cikin nan bai bar bakinsa ba. Inda yake yanzu ba shi da halin rubutu. Ki ci abinci, ki daina ɗaukar tulu, ki bar wa Allah sauran.

Ga sunan na rubuta miki da manyan haruffa a ƙasa, ki nuna wa Iya.

Wassalam.
Yayanku, Dahab.

Abeshe, 12 ga Rabi'ul Awwal

Yaya Ustaz,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa. Iya tana gaisuwa.

Na gode da karatu. Na tambayi mijina, an ba ni gefen rijiya.

Ban nuna wa Iya sunan ba, ni na zauna na dube shi. Na ɗauko 'yar takardar Khamis na ajiye kusa da taka a kan tabarma. Yaya, karatuna bai yi nisa ba, amma ɗinki nake yi, idona ya san hannu. Yadda wutsiyar ra take lanƙwasa a nan, haka take a can. Ɗigon jim ɗin ma a gefe guda ya faɗa. Tawadar ma ita ce, mai ruwan shuni. Sai na buɗe akwati na fito da wasiƙu huɗu da ƙaninka ya rubuta mini kafin aure, na bi su layi-layi da yatsa. Babu hamza ko ɗaya a ciki. Kai ma da bakinka ka ce bai san ta ba. To wa ya koya masa a hanyar Bur Sudan?

Na je tasha da cikina niƙi-niƙi. Khamis na hango ni ya shige ƙarƙashin mota. Na ce, "Khamis, fito." Ya ce, "Gyara nake, matar ɗan'uwa." Na ce, "Da hannu wofi? Ga sifana nan a kan taya." Ya ƙi fitowa. Ƙafafunsa kawai nake gani. Direbobi suka taru suna cewa in koma gida rana ta yi zafi, amma ba wanda ya yarda muka haɗa ido.

Wallahi Yaya raina a ɓace yake, kuma tsoro ya fi ɓacin ran yawa. In aure ya yi a can, faɗa mini, ba zan mutu ba. In kurkuku ne, faɗa mini, zan aika masa da busasshen nama. In ciwo ne, zan hau mota da cikin nan. Akwai saura ɗaya, hannuna ya ƙi rubuta shi.

Iya ta sayi rago, ta ce na suna ne kuma na taren ɗanta. Mota ba ta yin ƙaho a layinmu ba ta dafa bango ta miƙe ba.

Don girman Allah ka amsa abin da na tambaya, ban da nahawu.

Rauda.

Umdurman, 28 ga Rabi'ul Awwal

Ƙanwata Rauda,

Amincin Allah ya tabbata a gare ki. Na ce wa Khamis kada ya miƙa miki wannan sai ya tabbatar kin sauka lafiya. In kina karantawa, to Allah ya raya abin da kika samu.

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Bishara ya rasu ranar ashirin da bakwai ga Zulƙida, bayan la'asar, a ɗakina. Zazzaɓi ya kama shi tun a hanya, daga garin Fashir, ya iso idanunsa sun yi rawaya. Kwana tara muka yi, likita ya yi iya ƙoƙarinsa. Ni na wanke shi, ni na sa shi a kabari.

Hannuna ne a takardar, kin gani daidai. Amma kalmar tasa ce. A ranar ƙarshe ya riƙe rigata ya ce, "Cikin Rauda, namiji ko mace..." sai numfashi ya sarƙe shi, can ya ce, "Raja." Ni kuma, Allah ya yafe mini, abin da ya fito daga bakina shi ne, "Da ain ko da hamza?" Ƙanina yana mutuwa ina yi masa tambayar aji. Ya yi 'yar dariya, ya ce, "Yaya, har yanzu?" Bai ƙara magana ba.

Saboda haka abin da na rubuta miki a wasiƙar farko gaskiya ne a littafi, amma ban san abin da yake nufi ba. Ko suna ya ba ɗansa, ko cewa yake ki jira, ko alkawarin dawowa yake yi, ban sani ba, kuma ba wanda zai sani. Ni na zaɓi hamza. Ain za ta zama ƙarya, jira kuma zalunci.

Na ɓoye ne don ɓarin nan biyu. Na ce in wannan ma ya zube, Bishara ya tafi bai bar komai a bayansa ba. Na sa Khamis ya rantse. Na kuma san hukuncin mai ciki, cewa takabarta da haihuwa take ƙarewa. Na san abin da nake ɗauke miki, na ɗauke. Iya kuwa, sau shida ina fara rubuta mata ina yagewa.

Ba na cewa na yi daidai. Ki yafe mini in kin iya. Ki sanar da ni me aka samu.

Dahab.

Abeshe, 23 ga Rabi'ul Ahir

Yaya,

Wa alaikumus salam. Na sauka lafiya. Kwana uku da haihuwa Khamis ya kawo takardarka.

Na tambayi Faki Jibrin a asirce, ya ce babu sauran takaba a kaina, ta ƙare da naƙuda. Kowace mace tana samun kwanakin da za ta zauna ta yi kukan mijinta, ni ko yini ɗaya ban samu ba. Bishara yana kabari ina kan turaren tsuguno. Na cire 'yan kunne duk da haka, amma lallen ya ƙi fita.

An yanka ragon, an raɗa Raja. A ofishin rajista da haruffan Faransanci suka rubuta, babu ain babu hamza.

Iya har yau ain take cewa. Tana rawa da jaririn tana ce masa, "Babanka na hanya." Ban gaya mata ba, wannan aikinka ne, kuma ba a takarda ba.

Ka tambayi me aka samu. An samu Raja. Na sa Khamis ya rantse, ka san ya iya riƙe baki, kai ka koya masa. In kana son sanin namiji ne ko mace, ka zo ka durƙusa gaban Iya ka faɗa mata, sannan in miƙo maka ka duba.

A gaida Batul da yara.

Uwar Raja.