Kofin farko na Yaya Sale

Laraba da dare, Garwa

Haushi ya hana ni barci. Yau a majalisar ƙofar gidan Alhaji Buba aka miƙa wa Yaya Sale kofin shayi na farko. Munafukai!

Tun da ya gudo daga garinmu daren da mutanen daji suka shigo, ba a taɓa ba shi sai na uku, tsararon nan da ake ba yara. Alhaji ne ke cewa, "A bar masa na uku, kada zuciyarsa ta buga." Su kwashe da dariya, shi kuma ya shanye abinsa. Ni kuwa ji nake kamar in kifar da butar.

Shekaranjiya aka buɗe wa ayarin motoci wuta a hanyar Kuseri. Direbobin nan masu cika baki, kowa ya yi ta kansa. Yaya ya riga ya tsira, amma ya juya kamiyonsa, babbar motarsa ta kaya, ya koma, ya zubar da albasar mutane da ya ɗauko, ya kwaso waɗanda aka harba zuwa asibiti.

To yau ga Alhaji da kansa, da hannu biyu: "Bismilla, namijin duniya." Ko kunya babu. Wallahi na so Yaya ya watsa masa a gemu.

Bai karɓa ba. Ya ce, "Alhaji, a ba manya. Zan jira na ukun, shi ne a cikina ranar da na juya motar."

Ba wanda ya taɓa kofin nan har ya huce.