Lambar Tukunyar Juma'a

Ulaisha, Riyad

Malam,

Assalamu alaikum. Na san ba za ka karanta wannan ba. Da ranka ma ba ka cika karanta saƙona har ƙarshe ba sai in ka ga sunan kanti a ciki, balle yanzu da kake kwance a inda ko alama ba a sa wa kabari. Amma akwai labarin da ya kamata ka ji, kuma na duba duk garin nan ban ga wanda zai ji daɗinsa kamarka ba.

Gida lafiya. 'Yarmu Safiyya ta ci jarrabawarta. Har yanzu da Larabci take fushi, in tana neman abu ne take dawowa Hausa. Na'urar sanyaya falo ta sake ɗiga, na kara mata bokitin nan da ka ce na wucin gadi ne tun shekarar da muka tare. Na fita takaba, na koma bakin aikina a ɗakin magani na asibiti. Yaya Sani ya kira daga Funtuwa ya ce in tattara in dawo gida. Na ce masa iƙamata, takardar zamana a ƙasar nan, a hannun asibiti take, tun farko ba a ƙarƙashinka nake zaune ba. Ya yi mini sallama kamar na ɗauke masa wani abu daga aljihu.

Maganar wayarka ce ta sa na ɗauki biro.

Ka tuna yadda kake zama a tabarma tsakiyar mako, da almakashi da takardun tallar kantuna? Ka yanko takardar rangwamen kaza, ka yanko ta mai, ka jera su a ƙofar firji, sannan ka buɗe waya ka bi na ciki ɗaya bayan ɗaya, fuskarka kamar ta mai bitar karatu. A gidan nan ba mu ne ke zaɓen miya ba, takarda ce. In aka sauke farashin mulukiyya mai ƙanƙara, sai ka ce ai lalo ne ya sa rawani, mu sha miyar lalo. In kuɓewa ce, kuɓewa. Shinkafar Masar ta zama tuwo a hannunka, laban ya zama nonon fura, kabewar kasuwar Utaiƙa ta zama taushe. Ranar da aka yi rangwamen kifin gwangwani ka yi mana wani abu da har yau ban san sunansa ba, kuma na yafe maka.

Duk wannan saboda tukunyar Juma'a. Ka zo ƙasar nan kana ɗalibi, ka sha faɗa mini cewa ka san abin da shinkafar kabsa ta kullum take yi wa zuciyar Bahaushe. Shi ya sa in an sauko masallaci ɗalibai suke cika mana falo, 'yan Najeriya da 'yan Nijar, takalma har bakin matakala. Albashin mai fassara ba zai ciyar da su ba, kai ma ka sani. Sai ka gano cewa a babban kantin nan, duk wanda ya yi sayayya mai karɓar kuɗi yakan tambaye shi lambar waya, a zuba masa maki, makin in ya taru ya zama takardar rangwame. Ka ce wa yaran, duk wanda ya sayi ko sabulu ne, ya ba da lambarka. Makin ya taru wuri ɗaya, ya koma cikinsu ranar Juma'a.

Na san da wannan. Na yi ta tsokanarka, ina ce maka limamin rangwame. A tunanina 'yan ɗaliban da nake gani ne kawai, masu sayen sabulu da burodi.

Da ka tafi, tukunyar ta tsaya. Yaran suka zo gaisuwa, suka yi addu'a, suka daina zuwa, don ba sa son su takura wa mai takaba. Na ajiye wayarka a kan firji, kusa da takardun da ka yanka ba ka kai ga amfani da su ba. Sai ta fara motsi. Da safe, da azahar, bayan la'asar: an ƙara maka maki. Na ɗauka kuskuren na'ura ne. Da na duba da kyau sai na ga kowane saƙo da sunan reshen da aka yi sayayyar. Bada'a, Nasim, unguwannin da ban taɓa jin ka ambata ba. Wata rana ma daga Makka. Malam, wa ka sani a duk wuraren nan? Kana kwance a ƙasa, wayarka tana ta cefane.

Ban ji daɗi ba, gaskiya. Duk motsin da ta yi sai in ɗago kai kamar kai ne za ka shigo da leda. Da saƙo ya zo daga kamfanin waya cewa za a yanke layin tunda an soke iƙamarka, har ajiyar zuciya na yi. Na san in layin ya tafi makin ya tafi, in makin ya tafi ba mai sake ɗora tukunyar nan. Na ce a raina, to, ta yi zamaninta. Kowane abu da mai shi, kuma mai shi ya tafi.

Na jefa wayar a jaka da niyyar in na samu sarari in kwashe hotunan ciki kafin a rufe. A haka na shiga kantin bayan na tashi aiki, don gishiri ya ƙare. A gabana a layi akwai wata tsohuwa, 'yar Sudan ce, na gane daga maganarta da lallen hannunta. Kayanta ba yawa: ganyen shayi, sukari, burodi, gwangwanin wake. Mai karɓar kuɗi ya tambaye ta lamba ba tare da ya ɗago kai ba. Ta karanto masa tiryan-tiryan, ba gargada, kamar mai faɗin sunan ɗanta. Ni ina tsaye ina tunanin ko na kashe tukunyar gas.

Sai jakata ta motsa.

Na ciro wayarka. An ƙara maka maki, reshen Ulaisha, yanzun nan. Na leƙa allon mai karɓar kuɗi, ga sunanka da harufan Larabci, an ma rubuta shi ba daidai ba kamar yadda suka saba. Ka ga, Malam, ban gane lambar ba da ta karanto ta. Shekarun nan duka ban taɓa haddace lambarka ba. Sunanka nake dannawa, ka ɗauka. Ashe rabin Riyad sun san ta da ka, ban da matarka.

Na bar gishirin a nan na bi ta waje. Na tambaye ta da Larabcina na asibiti, wanda ya fi dacewa da bayanin sau nawa za a sha ƙwaya, ko ta san mai lambar. Ta ce ba ta san shi ba, ba ta ma san ko ɗan wace ƙasa ne ba. Maƙwabciyarta 'yar Chadi ce ta ba ta, ita ma wani direba ne ya ba ta. An ce mata lambar wata tukunya ce da 'ya'yan mutane da ke nesa da iyayensu suke ci ranar Juma'a. Ta ce ita shayinta za ta saya ko da lamba ko babu, to me zai hana ta buɗe baki? Ta ce ta koya wa 'yarta ma, amma 'yar tata shashasha ce, tana juya biyun ƙarshe, Allah kaɗai ya san wa take ciyarwa.

Na gaya mata ka rasu. Ta ajiye ledarta a ƙasa, ta ɗaga hannu a bakin kanti, mutane na wucewa da kekunan kaya, ta yi maka addu'a doguwa. Da ta shafa, sai ta dube ni ta tambaya ko tukunyar ma ta rasu, don ta san ko ta daina faɗa.

Na ji bakina ya ce a'a. Ban shawarce shi ba.

Washegari na ɗauki izini a wurin aiki na tafi ofishin kamfanin waya da takardar rasuwarka da ta aurenmu da duk wata takarda mai hatimi da ke gidan nan. Aka tura ni wannan taga, aka dawo da ni waccan. A ƙarshe wani ma'aikaci mai ladabi ya mayar da layin sunana. Har ya yi mini tayin sabuwar lamba mai kyau, mai sauƙin riƙewa, ya ce wannan tsohuwar ba ta da tsari. Na gode masa. Ta yaya zan yi masa bayanin cewa akwai tsohuwa a Ulaisha da ta riga ta sha wahalar haddace marar tsarin? A kantin kuwa ban taɓa komai ba. Sunanka na nan a allonsu, da kuskurensa.

Juma'ar da ta wuce na ɗora tukunyar. Na bi ƙa'idarka, na bar takarda ta zaɓa: fukafukan kaza, mulukiyya, shinkafar Masar. Makin da ya taru tun tafiyarka ya ɗauki mai da shinkafa da abin da ya fi haka, har mai karɓar kuɗin ya ɗago kai ya dube ni, karo na farko a tarihin kantin. Safiyya ce ta yi yankan takardun, da almakashinka, tana ƙunƙuni da Larabci. Na aika wa ɗalibi ɗaya saƙo. Kafin la'asar takalma sun kai matakala.

Tuwon ya yi ruwa. Ba wanda ya ce komai, sai Abdurrazaƙ ɗan Damagaram, wanda ka ce ba a haife shi da birki ba, ya aiko Safiyya ta gaya mini cewa tuwon Malam tsayawa yake da ƙafarsa, nawa kuwa sai an riƙe shi. Daga nan suka shiga gardama, ina jin su daga kicin. Wai ladan na wane ne: na wanda ya faɗi lambar, ko na kantin da ya ba da rangwamen, ko naka? Kowa da hujjarsa da sunan littafinsa. Ba su gama ba aka kira sallah, kuma ba su bar ko loma ba. Ana cikin haka wayar ta motsa a kan firji. Wani a reshen Batha ya sayi wani abu.

Ni ba malama ba ce, ban san amsar gardamarsu ba. Aikina auna abu daidai, kuma na kasa auna wannan. Mutum ya zauna da almakashi yana rage kuɗin kaza, ya mutu, sai a tarar ya bar bakuna a unguwanni suna ambatonsa ba tare da an san sunansa ba. Ka san ta yi nisa haka? Ko kai ma ka ɗauka 'yan sabulu da burodi ne?

Akwai abin da ban taɓa gaya maka ba. Duk lokacin da nake tsokanarka da almakashin nan, ina tsayawa a ƙofar kicin in kalle ka fiye da yadda tsokanar take buƙata. Kuma tuwonka ya fi nawa. Da na faɗa da ranka da ba a zauna lafiya a gidan nan ba.

Lambar kuwa na haddace ta. Jiya da aka tambaye ni a kanti na karanto ta ban duba ba, muryata ba ta yi rawa ba sai a biyun ƙarshe.

Allah ya haskaka makwancinka, ya yalwata maka fiye da yadda ka yalwata wa 'ya'yan mutane. Sai mun zo.

Matarka,
Maman Safiyya, mai riƙon lambarka