Tauraron da Pak Sarwono Ya Bari

Ibu,

Ina gaishe ki, mahaifiyata. Ya ƙafar mahaifina, Bapak? Ni lafiya lau nake a nan tsibirin Biak, kada ki damu.

Aikina dai shi ne kunna ƙananan injinan da ke hura iska su juya tauraron ɗan'adam. Akwai wani tsohon tauraro da muka ƙone mansa kaf, muka kashe. Mai tuƙa shi, Pak Sarwono, kullum da hurawa biyu yake fara aiki. Tun rasuwarsa, kowace Litinin tauraron sai ya hura biyu.

Da na faɗa wa shugabanmu, sai ya ce, "Rukmini, tankin ba mai. Ba ki ga komai ba."

Ki aiko min da yajinki, ki sa ni a addu'a. Jiya uku ya hura, Ibu. A ofishinmu ni kaɗai ke farawa da uku.

'Yarki,
Rukmini